Layin da Na Kasa Ja a Wuyan Inna

Wata huɗu na farko da na yi a Jidda dako na yi a kasuwar Bab Makka, ni da ban taɓa ɗaukar abin da ya fi gwangwanin fenti nauyi ba. A Funtuwa sana'ata zanen furanni a jikin akwatunan ƙarfe da bayan manyan motoci, kuma ba yabon kai ba, direbobi har layi suke yi a ƙofar rumfata. Mutumin da ya shirya mini umara ya ce da na sauka aiki yana jirana, da ɗaki, da iƙama, wato takardar zama. Ya karɓi fasfona a bakin wani masallaci ya ce bari ya leƙa ofis. Har yau bai fito daga ofis ɗin ba, Allah ya isa tsakanina da shi.

Mu tara ne a ɗaki guda, kowa jakarsa ce matashinsa. Nauyin dilar yadi bai dame ni ba kamar yadda rashin suna ya dame ni. Wuni guda mutane su yi ta gogar kafaɗata suna wucewa, babu mai cewa Mamuda. Sai dai “ya takaruni”, sunan da suke kiran baƙaƙen fata irinmu da shi, sai “yalla, yalla”, kamar ana kora jaki. Akwai ranar da na tsaya a bayan wani kanti na kira sunana da kaina, a hankali, don kawai in ji yadda yake fita.

Wata rana mai kantin da nake wa dako ya ce in shafe tsatsar da ke jikin ƙofarsa. Fenti ya yi saura, hannuna kuma ya yi ƙaiƙayi, sai na zana masa reshen fure a gefe. Ina cikin yi na ji mutum tsaye a bayana yana numfashi. Wani Balarabe ne gajere mai tabon fenti a farce, ana ce masa Abu Yasir. Bai gaishe ni ba. Ya kama hannuna na dama ya juya shi kamar mai tayin kaza, ya ce in bi shi.

Haka na koma unguwar Bani Malik. Warsharsa, wato wurin aikinsa, wani ɗaki ne marar taga a bayan kantin kayan kyauta. Warin wurin har cikin shinkafa yake shiga. Abin da ake yi a ciki na jima ban gane kansa ba. 'Yan ƙananan mutum-mutumi ne, tsawon tafin hannu, na wani abu da suke kira rezin. Ruwa ne mai kauri kamar zuma, a ɗiga masa magani, a zuba a ƙalib, wato mazubin roba, kafin la'asar ya daskare ya yi tauri. Na asalin daga wata ƙasar Turai suke zuwa, kowanne da lamba a gindinsa, kaɗan ake yi a daina. Duka tsofaffi ne masu sana'a: masunci da komarsa, mai gyaran takalmi, tsohuwa da kwando a hannu. Akwai mutane a Jidda, manya da hankalinsu da gemunsu, masu tara su a kabad ɗin gilashi. Ba wasa suke yi da su ba, ba sayarwa suke yi ba. Kallo kawai.

Abu Yasir yakan sayi na asali guda, ya ɗauki ƙalibinsa, ya zuba nasa. Daga nan sai a sauya. A naɗa wa masunci rawanin mutanen Hijaz, a cire guduma daga hannun mai takalmi a ba shi butar shayi, a mayar da shuɗiyar riga ja. Masu tarawa sun san ba daga kamfanin suka fito ba, kuma shi ya sa ma suke rububinsu, kowa yana son wanda ɗan'uwansa ba shi da shi. Shi ke zubi, ni ke gogewa da fenti. Idanu ake yi a ƙarshe, da buroshin da bai fi gashi uku ba.

A sabon ɗakin da na samu mu biyu ne, ni da Malam Idi, wani dattijo ɗan Damagaram da ya haura shekara ashirin yana wankin mota a Jidda. Shi ya fara kirana da sunana a garin nan, shi ya koya mini hanyoyin da 'yan sanda ba su cika bi ba. Ranar da na kwatanta masa aikina yana tsakiyar shan shayi ya ajiye kofin.

“Mamuda, ka dai san abin da ake faɗa a kan mai yin siffar abu mai rai. Gobe kiyama za a ce ya hura mata rai.”

“To Malam, in ci me? In koma dako?”

“Ni ban ce ka bari ba. Abin da aka raba kansa da jikinsa ai ya fita daga masu rai. Ba ka ga yadda wasu a nan suke jan layi a wuyan hoto ba? Kai ma ka ja.”

Na samu allura. Duk wanda na gama, kafin in shafa masa man ƙyalli na ƙarshe, sai in kaga masa layi siriri ya zagaye wuya, in ɓoye shi ƙarƙashin gemu ko bakin riga. Ido ba ya gani sai an ƙura. Ban gaya wa Abu Yasir ba, don a ganina tsakanina da Ubangijina ne, ba ruwan kowa. Shekara biyu ina yanka tsofaffin Turawa, babu wanda ya kai ƙara.

A shekara ta uku abin ya same ni. Ina yi wa tsohuwa mai kwando ido da tsakar rana, sai na ce bari in tuna idon Inna. Na rufe nawa idon, na jira. Muryarta ta zo, ƙamshin ƙuli-ƙulin da take soyawa ya zo, har tarin da take yi in hayaƙi ya shige ta. Fuskar ce ta ƙi zuwa. In na kamo goshin sai haɓar ta kuɓuce. Na ajiye buroshi na fita bakin titi na tsaya a rana, tsoro ya kama ni irin wanda ban ji ba ko ranar da aka gudu da fasfona.

Inna ba ta taɓa ɗaukar hoto ba, ko na katin zaɓe ta ƙi. Na roƙi wani alhaji ɗan unguwarmu da zai koma gida ya lallashe ta. Bayan wata bakwai amsa ta zo a kaset, yayata Asabe ce ta riƙe mata rediyon. “Hoton me kuma, Mamuda? Kai da ka sha nonona kake neman hotona? In ganina kake so ka dawo ka gan ni.” Daga nan ta shiga labarin akuyarta da ta haifi uku. Na saurari kaset ɗin har zaren ya fara miƙewa. Komawa kuwa, da wane fasfo, kuma in riƙe me a hannu in shiga gida?

Sai na ɗauki wata tsohuwa mai kwando da ta fito da kumfa a fuska, wadda Abu Yasir ya jefa a shara. Na kankare fuskar gaba ɗaya. Duk Juma'a bayan an sauko daga masallaci, warsha a rufe, sai in zauna da ma'ajun, wani ƙulli da muke cike ramuka da shi, ina gina Inna kaɗan kaɗan. Na ɗaura mata zani, na yi mata ɗankwali, na mayar da kwandon farantin ƙuli. Fuskar na rushe ta ya fi sau goma. Wata Juma'ar in ce yauwa, ga ta nan, wata ta zagayo in duba in ga baƙuwa. Wata biyar na yi kafin na kaga mata billenta a kumatun hagu, na yi idanu, na ja baya na duba. Na ce, “Sannu Inna.” Ban san lokacin da na tsuguna ba.

Saura layi. Na ɗauki allura kamar kullum, na tallafi kanta da yatsa, na kai bakin allurar wuyanta. Hannun nan da ba ya gardama ko a kan gashin ido ya ƙi gaba. Na ajiye, na sha ruwa, na sake ɗauka. Wallahi na kasa. Na shafa mata man ƙyalli haka nan.

Da na kai ta ɗaki Malam Idi ya juya ta a hannunsa, ya kai ta kusa da ido.

“Ina layin?”

“Malam, uwata ce.”

“Uwarka tana Funtuwa tana cin tuwo. Wannan roba ce. Ko ka ja, ko ka fitar da ita, ni ba na salla a ɗaki ɗaya da gunki.”

Raina ya ɓaci, na ce masa shekara ashirin bai leƙa tasa uwar ba, ina zai san abin da nake ji. Ya tashi. Ya naɗe tabarmarsa ya mayar da ita can bakin ƙofa. Na san na yi masa rashin kunya, kuma girman kai ya hana ni ba shi haƙuri. Na sa Inna a gwangwanin madara na mayar da ita warsha, na ɓoye bayan galan ɗin fenti. Daga ranar gaisuwarmu ta koma “ina kwana” da “lafiya lau”. Abokin hirata ya zama gwangwani. In Abu Yasir ya tafi cin abinci sai in buɗe shi, in ajiye ta a gefen farantina, in ba ta labarin wunin.

A lokacin ne Abu Yasir ya fara wani sabon abu. Ya daina sauya wasu, yana zuba su sak yadda suke, yana buga musu lamba a gindi, yana ba ni na asali in kwaikwayi fentinsa. Wani kanti yake kai su a sayar a matsayin na kamfani. In ce ban gane ba ƙarya ne, na dai ƙi tambaya. Na yi musu fenti yadda aka ce, na kuma ja musu layinsu yadda na saba.

Wata safiya wani mutum dogo, baƙi, cikin farar jallabiya ya shigo har cikin warsha. Likitan haƙori ne, sunansa Faisal, yana cikin manyan masu tarawa. Ya ajiye masunci biyu a kan tebur, ɗaya mai rawani da ya saya a hannun Abu Yasir da saninsa, ɗaya kuma da aka sayar masa a can kantin da sunan asali. Ya ciro gilashin ƙara girma ya miƙa wa Abu Yasir, ya nuna masa wuyan na farko, ya nuna masa wuyan na biyu.

“Tun yaushe Turawa suka fara yi wa kayansu wannan?” in ji shi da Larabci.

Abu Yasir ya duba, ya sake dubawa. Ya jawo na kan kanta ɗaya bayan ɗaya, duk da layi. Ya juyo ya dube ni. Na ce ni ne, na fara yi masa bayanin gobe kiyama da gurguwar Larabcina. Bai bari na kai ƙarshe ba.

“Halas. Barra. Fita.”

Ya shiga watso mini tarkacena, buroshi, tsumma, silifas. Ya ture galan, gwangwanin ya faɗo, murfin ya buɗe, Inna ta gangaro har gaban takalmin likita. Ya sunkuya ya ɗauke ta, kuma duk wanda ya ga idonsa a lokacin ya san ya ga abin da yake so. Abu Yasir ma ya gani. Ya fizge ta, ya ce da rezin ɗinsa aka yi, a warsharsa aka yi, tasa ce, ƙalibinta zai ɗauka ya rage asarar da na ja masa. Nan take na hango Inna guda hamsin a jere a kan kanta, kowa ya saya ya kai falonsa, yaransa suna nuna billenta suna dariya. Na riƙe wuyan hannunsa. Ya ce zai kira 'yan sanda, ya san ba ni da ko takardar tsire. Na ce ya kira, ban saki ba.

Sai na ji likitan ya yi magana, kuma da Hausa. Hausa ce mai ɗingishi, amma Hausa ce.

“Wannan… uwa naka?”

Na ce e. Ya juya ga Abu Yasir ya ce masa, cikin sanyin murya, ko ya sake ta ko kafin magariba duk mai kabad a Jidda ya san inda ake zuba na asali. Yatsun suka buɗe.

Kwana goma sha biyu na yi a unguwar Madain Fahd, a wani ɗan ɗaki da ke saman gidan likita. Kakarsa ta wajen uwa Bahaushiya ce, da ƙafa iyayenta suka zo ta Sudan. Yana jin kusan duk abin da na faɗa, amma in zai mayar sai Larabci ya tare masa hanya. Ya kai ni ɗakin da yake tara kayansa, sanyi kamar firji, kabad har rufi. Na asali a gefe guda da kwalayensu. Ɗaya gefen kuma na warshoshi ne irin tamu, daga ƙasashe daban daban, kuma ya ce su ya fi so, don a jikinsu ake ganin hannun mutum. Ya nuna mini kanta guda cike da aikina. Ya ce su masu tarawa sun jima da lura da layin, sun ɗauka hatimin mai fentin ne, har sun sa masa suna Abu Khat, wato mai layi. Na tsaya ina kallon mutanena a bayan gilashi. Shekara uku ana kirana da wani suna a garin nan, ni ban sani ba.

Rana ta goma ya zo da maganar da na san tana tafe. Ya ce in bar masa Inna. Ba za a ɗauki ƙalibinta ba, ita kaɗai za ta zauna a kabad nata. Shi kuma zai ba ni ɗakin nan, ya shiga ya fita a kan takarduna, in Allah ya yarda ya zama kafilina, wato mai tsaya mini a wurin hukuma. Wanda bai taɓa tafiya a titi yana waige ba ba zai san nauyin wannan magana ba. Na kwana biyu ina juya ta. Na ce wa kaina ai sama da ƙasa ne kawai, ni a sama ita a ƙasa, kullum zan iya roƙon a buɗe mini in gan ta. Kalmar roƙon ce ta tsaya mini a wuya. Na ce masa ya yi haƙuri.

Bai yi fushi ba. Ya sa gilashinsa ya zagaya wuyanta, ya ce, “Ma fi khat. Babu layi.” Na ce babu. Sannan ya ce shi ma kullum Hausar kakarsa raguwa take yi a bakinsa, kuma ba shi da wurin da zai ajiye ta. Ya ba ni wani ɗan akwati mai soso a ciki, daidai tsawonta. Bai kore ni ba, ni ne na kasa zama ina cin abincin mutumin da na hana abin da yake so.

Na koma Bani Malik, na durƙusa na ba Malam Idi haƙuri, ya ba ni bokiti da tsumma. Shekara biyu muna wankin mota tare. Akwatin yana ƙasan jakata, ya sani, bai sake tambaya ba, ni kuma ba na buɗewa sai ya fita.

Wata Laraba da hantsi na shiga shagon waya na kira gidan maƙwabcinmu, aka kira mini Yaya Asabe. Tana cewa “Mamuda” na gane. Kwana tara da binne Inna, sun rasa yadda za su same ni. Na fito na zauna a bakin kwata. Malam Idi ne ya zo ya ɗaga ni, ya tara 'yan uwa shida a ɗakinmu aka yi mata addu'a, akwatin yana nan cikin jaka a gefensa. Washegari na tafi ƙarƙashin gadar da marasa takarda suke zama suna jiran a kwashe su. Na yi sati uku a wurin kafin mota ta zo, na yi wasu a tsare, sannan jirgi. Akwatin na naɗe shi cikin tsohon haramina, babu wanda ya kula shi.

Sai da 'yan gaisuwa suka ragu, kwana uku da isata, na kira Yaya Asabe ɗakin Inna. Na ce ina da abin da zan nuna mata. Na buɗe soson, na ɗora mata a tafin hannu. Ta kai ta bakin ƙofa wurin haske. Ta duba, ta duba.

“Kai ka yi? Ta yi kyau. Wace ce?”

Na ce, “Yaya, Inna ce mana.”

Ta dube ni, ta dubi abin hannunta, na ga tana neman yadda za ta faɗa ba tare da ta kashe ni ba.

“Mamuda, billen Inna a dama yake. Kuma ita doguwar fuska gare ta. Wannan hancin ma ba na gidanmu ba ne.”

Na zauna a bakin gadon. Aikina, da ɗakin likita, da takardun da na ƙi, da abin da na faɗa wa Malam Idi, duk a kan fuskar matar da ban san ko wace ce ba. Na miƙa hannu in karɓa. Tana miƙo mini sai abin ya juya a hannunta, bayan ya fuskance ta. Ta tsaya. Ta janye hannun, ta ƙura wa ƙeyar ido, da ƙullin ɗankwalin da ya karkata hagu, da kafaɗar nan ɗaya da ta fi ɗaya sauka, da ɗan rankwafawar bayan. Ni ko tunani ban yi ba lokacin da na yi su, rana ɗaya na gama wajen.

Ta sa gefen zaninta ta toshe bakinta.

“Ta baya kam ita ce. Haka take in tana suya.”

Ta ajiye ta a kan tagar ɗakin, fuskar tana kallon bango. Muka zauna a gadon mu biyu muna kallon bayan Inna har aka kira la'asar.